Valletta da ƙafa: a biya ɗan jagora ko mutum ya shiga gari da kansa?

Ɗan Fagge: Assalamu alaikum 'yan uwa. Wurin aiki za su tura ni kwas ƙasar Malta a watan Yuni, kuma ranar Asabar babu aji. Ina so in zaga Valletta, babban birninsu. Na ga ana tallar yawon ƙafa da ɗan jagora, awa biyu zuwa uku, wasu kuɗinsu a yanke yake, wasu kuma sai an gama ka ba da abin da ya sawwaƙa. To ni na duba taswira, garin nan tsawonsa bai wuce kilomita ɗaya ba, titunan kuma a miƙe suke sambal. Ko makaho ba zai ɓata ba. Me zai sa in biya wani ya riƙa jana? Waɗanda suka taɓa zuwa, don Allah a ba ni shawara.

Na-Gwandu: Wa alaikumus salam. Riƙe kuɗinka ka sayo wa uwargida tsaraba. Komai yana cikin waya yanzu.

Hajiya Uwani: Ɗana, kada ka biye wa Na-Gwandu, shi ko Zariya aka ce ya je sai ya ce yana cikin waya. Na je da 'yata, kuma da ɗan jagora muka shiga. Ɓata kam ba za ka ɓata ba, amma za ka yi ta wuce gine-gine masu launin ƙasa iri ɗaya ba ka san wanne ne wanne ba. Tun daga ƙofar gari matar da ta ja mu ta fara. Ta nuna mana ramin da ke ƙarƙashin gadar, ta ce da hannu aka sare dutsen, kuma da dutsen da aka haƙo aka yi gini. Ka shiga ƙofa, a dama ga majalisar dokokinsu sabuwa fil, gaba kaɗan ga wasu ginshiƙai a tsaye babu rufi. Da ni kaɗai ce cewa zan yi gini ne aka fara kuɗi suka ƙare. Ashe gidan wasanni ne da jiragen Jamus suka yi wa ruwan bom a 1942, yanzu a haka suke wasa a cikinsa a fili. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Abu ɗaya zan gaya maka, ka nemi zagayen safe. Rana a watan Yuni ba wasa, ga dutsen yana mayar da zafi, kuma in manyan jiragen ruwan nan na masu shaƙatawa suka sauke mutane, babban titin ba ya shiguwa.

Na-Gwandu: Hajiya, Bakano za ki tsorata da rana?

Hajiya Uwani: Bakano a inuwa yake zama da azahar, ba hawan matakala yake yi ba.

Injiniya Abuja: Ni abin da ya ja ni garin shi ne tsarinsa, kuma a nan ɗan jagora ya yi mini amfani. Valletta ba gari ne da ya tsiro da kansa ba, a takarda aka zana shi kafin a aza dutse ko ɗaya. An aza tubalin farko ranar 28 ga Maris 1566. Wani injiniyan soja ɗan Italiya, Francesco Laparelli, wanda Fafaroma ya aiko, shi ya yi zanen, da ya tafi kuma mataimakinsa ɗan Malta, Girolamo Cassar, ya ci gaba, shi ya gina yawancin manyan gine-ginen. Wurin wani tsiri ne na dutse da ya kutsa cikin teku tsakanin mashigin ruwa biyu. Sun so su baje tudun bai yiwu ba, shi ya sa titunan da ke gefe suka zama matakala, kana tsaye a sama kana hango ruwa a ƙarshen layi.

Kuma sun yi dokar gini tun lokacin. Ba a yarda ka fito da lambu ko matakala bakin titi ba, kowane gida sai ya haƙa wurin tara ruwan sama, gidan da ke kusurwa kuma sai an ƙawata kusurwar. Shi ya sa za ka ga mutum-mutumi a lungu-lungu. Tsibirin ba shi da kogi, saboda haka sai a 1615 aka kammala magudanar da ta jawo ruwa daga tsakiyar tsibirin zuwa birnin. Ni da nake fama da masu gini a kan hanyar ruwa kullum, sai da na tsaya na yi shiru.

Amma ba duk abin da suka faɗa ake haɗiyewa ba. Namu ya ce wai an yi matakalan gajeru ne don mayaƙa masu sulke su iya hawa. Labari ne mai daɗin ji, ni dai na fi ganin gangaren ne ya sa.

Ɗan Fagge: Injiniya na gode. To su wane ne mayaƙan? Ina ta ganin ana maganar wani yaƙi na 1565.

Malamin Tarihi: Ƙanena, nan ne inda nake so ka shiga da kunne biyu. Baraden Saint John ƙungiya ce ta addinin Katolika da ta faro a Ƙudus da jinyar masu ziyara, daga baya ta koma ta yaƙi. Bayan an fitar da su daga ƙasar Sham sun zauna a tsibirin Rhodes, sai Sarkin Musulmi Sulaiman na Daular Usmaniyya, ta Turkawa nake nufi ba tamu ta Sakkwato ba, ya kore su a 1522. A 1530 Sarki Charles na Biyar na Sifen ya ba su Malta da maƙwabcinta tsibirin Gozo da birnin Tarabulus na Libiya, a kan su riƙa biyan shaho ɗaya kowace shekara. Daga Malta suka ci gaba da tare jiragen Musulmi a teku, har da masu ɗauke da alhazai. A watan Mayu 1565 Sulaiman ya aiko da runduna ƙarƙashin Mustafa Pasha da Piyale Pasha, aka yi wa tsibirin ƙawanya kusan wata huɗu. Ƙaramin sansanin St Elmo da ke bakin tsirin, wanda Turkawa suka ɗauka aikin 'yan kwanaki ne, ya cinye musu wata guda, sai 23 ga Yuni ya faɗi. A nan Dargut, gwamnan Tarabulus, ya samu raunin da ya yi ajalinsa. A watan Satumba gudummawa ta iso daga tsibirin Sisili na Italiya, Turkawa suka janye. Shugaban baraden, Jean de Valette, shi ne ya kafa sabon birnin, sunansa ne garin ya ci.

Duk wannan ɗan jagora zai ba ka shi, har da ƙari, da ɗaga hannu da sauya murya. Ɗan jagora kamar maroƙi ne a ƙofar fada, kirarin mai gida zai yi. Abin da da wuya ya faɗa sai ka tambaya shi ne, su wa suke tuƙa jiragen baraden nan? Bayi ne, yawancinsu Musulmi, Turkawa da mutanen Arewacin Afirka, har da baƙar fata, a ɗaure da sarƙa a kan benci. A cikin Valletta ɗin nan akwai babban kurkukun bayi kusa da lambun Barrakka na ƙasa, har da wurin sallarsu a ciki. An lalata shi a yaƙin duniya na biyu, daga baya aka rushe. A 1749 bayin suka shirya tawaye don kashe shugaban baraden na lokacin, Pinto, asiri ya tonu, aka kashe da dama a bainar jama'a bayan azaba. Sai da Napoleon ya kama tsibirin a 1798 aka soke bautar, aka saki Musulmi wajen 2,000. Ka zaga garin nan awa uku a nuna maka zinariya a bango ba a ambaci wannan ba, ai rabin gari ka gani.

Ladi ta Jos: Malam, da girmamawa, kai ma rabin ka kawo. A 1551, shekara goma sha huɗu kafin wannan yaƙin, Dargut ɗin da ka ambata tare da Sinan Pasha sun afka wa tsibirin Gozo, suka kwashe kusan duk mutanensa, wajen 5,000 zuwa 6,000, mata da yara da tsofaffi, aka kai su Libiya bayi. Manoma ne da masunta, ba barade ba. Shi kansa De Valette ya yi kamar shekara guda yana tuƙin jirgi a ɗaure bayan an kama shi a 1541. In ɗan Malta yana ba da labarin 1565 da alfahari, kakanninsa yake tunawa da abin da suka kuɓuta daga gare shi. Har yau 8 ga Satumba ranar hutu ce a ƙasar. Ban ga laifinsa ba.

Malamin Tarihi: 'Yar uwa, abin da kika faɗa na Gozo haka yake, kuma daga can ne suka wuce suka ƙwace Tarabulus daga hannun baraden a wannan shekarar. Ban ce Turkawa waliyyai ne ba. A Bahar Rum na wancan zamani kowa farautar kowa yake yi, kuma ciniki ne, ana kama mutum ana fansarsa da kuɗi ta ɓangarorin biyu. Abin da nake cewa, labarin Gozo yana cikin kowane littafin masu yawon buɗe ido, na kurkukun bayi kuwa sai ka tona. Ɗan Fagge zai tsaya cikin Turawa ashirin ana cewa "nan ne aka ceci Turai", kowa na gyaɗa kai, shi kaɗai ne zai ji abin wani iri. Gara ya san inda zancen ya dosa tun daga gida.

Ladi ta Jos: To ai ya tambaya. Ni wadda ta ja mu, da wani Baturke a cikinmu ya yi mata tambaya kan bayi, ba ta yi noƙe-noƙe ba, ta amsa dalla-dalla, har ta ce in yana da lokaci ya je garin Marsa kusa da Valletta ya ga maƙabartar Turkawa da Sarkinsu Abdul'aziz ya biya aka gina wajen 1874. Masu jagora a can sai da lasisin gwamnati, karatu suke yi. Lokaci ne ba su da shi, kuma abin da jama'a suka zo ji suke bayarwa.

Hajiya Uwani: Ladi ta yi gaskiya a nan. Wanda ya yi shiru, abin da aka dafa wa kowa shi za a zuba masa.

Ɗan Agadas: Salamu alaikum. Ni a Sisili nake aiki, nakan ƙetara Malta, tsakaninmu kamar kilomita 90 ne. Ina karanta ku ina murmushi, kuna ta faɗa kan shekara ɗari huɗu da suka wuce. Can ƙasan garin wajen St Elmo akwai wani dogon gini, asibitin baraden ne a da, za a gaya maka ɗakin majinyatansa ya fi mita 150, wai a kwanon azurfa ake ba marasa lafiya abinci. Yanzu zauren taro ne. A cikinsa ne shugabannin Turai da na Afirka suka zauna a Nuwamba 2015 kan maganar baƙin haure, shugabanmu na lokacin Mahamadou Issoufou yana wurin, kuma a nan aka kafa asusun kuɗin da aka riƙa ba ƙasashenmu don a tare hanya. Mu a Agadas mun ga abin da ya biyo baya. Dokar da aka yi a 2015 aka fara aiki da ita da ƙarfi, aka kama direbobi, aka ƙwace motoci, masu tafiya suka koma bin hanyoyin da babu rijiya. Sai a ƙarshen 2023 sojoji suka soke dokar. Wannan ba ɗan jagoran da zai faɗa maka, don shi ma bai sani ba. In ka je ka tsaya a gaban ginin ka kalle shi da kyau.

Na-Gwandu: Kai jama'a, mutum ya ce zai je yawo kun mayar da shi ɗan jarida.

Mai Unguwa (mai kula da zaure): A yi haƙuri a dawo kan tambaya. Ɗan Agadas, bayaninka yana da amfani, amma in za a yi maganar hijira a buɗe mata zare daban, mun san yadda take ƙarewa a nan.

Maman Ilham: Ni tambayata daban ce, kuma ta shafi Ɗan Fagge. Kusan duk zagayen nan a babban cocin St John yake tsayawa ko ya ƙare. Daga waje ba ka ce komai ba, bango ne kawai kamar na sansanin soja. Ciki kuwa ko'ina ruwan zinariya da zane har rufi. Amma daɓen gaba ɗaya kaburbura ne, wajen 400, kowanne da dutse mai launi-launi da sunan mai shi, wasu da hoton ƙwarangwal. A kansu ake tafiya. Ni da na gane haka ƙafata ta yi nauyi, na bi ta inda suka shimfiɗa darduma, amma ai ita ma a kansu take. Na kasa sakewa har muka fita. Ya halatta kuwa?

Na-Gwandu: Ka ga irinta ko? Ka biya kuɗi a kai ka taka kabari.

Malamin Tarihi: Maman Ilham, ni ba malamin fiƙihu ba ne. Hani kan zama a kan kabari ya tabbata a hadisi, shiga coci kuma malamai sun yi saɓani, musamman inda akwai hotuna da gumaka. Wanda zuciyarsa ba ta natsu ba ya tambayi malaminsa kafin ya tafi. Abin da zan iya cewa, shigar ba dole ba ce. Tikitinta daban ne, da yawa daga masu jagora a ƙofa suke yin bayani su wuce.

Ladi ta Jos: Mu ma a cocinmu ba ma binne mutane a ciki, ni kaina sai da na ji banbaraƙwai. Amma a wurinsu girmamawa ce, sai babban barde ake ba wuri a nan. Wanda zai shiga, akwai zanen Caravaggio, shahararren mai zane ɗan Italiya, na 1608 a ɗakin gefe, na fille kan Annabi Yahaya. Faɗinsa ya kai mita biyar, kuma shi kaɗai ne zanen da ya sa wa hannu, a cikin jinin da ke kwarara ya rubuta sunansa. Mutumin ya gudo ne daga Roma bayan ya yi kisa, baraden suka karɓe shi suka sa shi cikinsu, bai daɗe ba ya sake yin faɗa aka kulle shi a sansanin St Angelo, ya tsere, suka kore shi daga ƙungiyar a wannan shekarar. Sannan a sani ba a shiga da kafaɗa a buɗe, kuma ba a yarda da takalmi mai tsini ba saboda daɓen.

Hajiya Uwani: Mu da mayafi ai ba mu da wannan matsalar. Ni ban shiga ba, na zauna a dandalin da ke gefe na sha shayi, 'yata ta shiga ta fito tana ba ni labari. Ban ji na yi asara ba. Inda ba zan yafe maka ba in ka tsallake shi ne lambun Barrakka na sama. Daga nan ne za ka ga tashar jiragen ruwan gaba ɗaya, da garuruwa uku a ƙetare, Birgu da Senglea da Bormla. Duk labarin yaƙin da Malam ya bayar sai a nan zai zauna maka, don za a nuna maka da yatsa, ga inda baraden suke, ga inda Turkawa suka kafa igwa. A lokacin yaƙin ai babu Valletta, tudu ne kawai, Birgu ce hedikwata. Kuma da ƙarfe 12 na rana ana harba igwa a ƙasan lambun. Ka riƙe wayarka da kyau, ni saura kaɗan tawa ta faɗa.

Injiniya Abuja: A gefen lambun akwai lif mai tsawon mita 58 da ke sauke mutum bakin ruwa. Daga nan ka hau jirgin fito ko ƙaramin kwalekwalensu na gargajiya ka ƙetara Birgu, minti kaɗan ne. Ganuwar daga cikin ruwa ta fi ban tsoro.

Ɗan Fagge: Allah ya saka da alheri, na fara sauya ra'ayi. Saura abinci da salla. Kuma wai da gaske ne yarensu Larabci ne?

Ɗan Agadas: Asalinsa Larabci ne irin na Magrib, ya cakuɗe da Italiyanci da Ingilishi, da boko suke rubuta shi. Musulmi sun kama tsibirin a 870, Normawa, Kiristocin Turai masu mulkin Sisili, suka karɓe a 1091, amma Musulunci bai ƙare ba sai wajen tsakiyar ƙarni na 13. A gidan tarihin Gozo akwai dutsen kabarin wata yarinya Maimuna da ta rasu a 1174, da rubutun Kufi. In ka yi islamiyya da kyau, ka kasa kunne a kasuwa, ƙidayarsu za ka gane ta tsaf. Su dai Katolika ne na gaske, kuma wasu ba sa son a ce musu Larabawa, kada ka je da wannan zancen. Ingilishi kowa na ji, Ingila ta riƙe su daga 1800 zuwa 1964.

Salla: babban masallaci yana Paola, Masallacin Maryam al-Batul, Gaddafi ne ya aza harsashinsa a 1978. Ba a cikin Valletta yake ba, sai ka fito ƙofar gari inda tashar bas take ka hau mota, ba nisa. In zagayenka ya ƙare da igwar 12, ka isa azahar cikin natsuwa.

Abinci: zomo ne abincinsu na alfahari, amma da giya ake dafa shi, kuma yankan ba namu ba ne. Kifi ya fi maka sauƙi, shi ma ka ce kada a sa giya. Akwai wani ɗan burodi mai ɓawo-ɓawo da suke kira pastizzi, da cuku ko wake a ciki, ga arha, sai dai ka tambaya da wane mai aka yi, wasu da kitsen alade suke yi. Shagunan Turkawa da na Larabawa suna nan, ba za ka kwana da yunwa ba.

Maman Ilham: Kuma ya sa takalmi mai kama ƙasa. Dutsen titunan ya sha tafiya ya yi santsi, silifas ɗin roba zai kayar da mutum a gangaren nan.

Malamin Tarihi: Ƙanena, in ka yanke shawarar ɗaukar jagora, ka zaɓi ƙaramin ayari, mutum goma ko ƙasa da haka. A cikin mutum talatin masu bin tuta ba ka da bakin tambaya. Ka tambaye shi inda kurkukun bayi yake, ka tambaye shi labarin 1749, ka ga yadda zai amsa. Ladi ta ce za su amsa, ina so ka dawo ka gaya mana.

Ladi ta Jos: Ka tambaye shi Gozo ma, don Malam ya ji.

Na-Gwandu: Ni dai har yanzu ban ji wanda ya faɗi nawa ake biya ba.

Hajiya Uwani: 'Yata ce ta biya, ban tambaya ba. Ɗan Agadas, kai da ke kusa, duba masa farashin bana, ka gaya masa in ana iya kama wuri tun daga gida ko sai ya isa.

Ɗan Agadas: To Hajiya. Ɗan Fagge, turo mini ranar da za ka sauka ta saƙon sirri, zan duba wanda ke farawa da ƙarfe tara.